Akwai hanyar auna ƙarfin dattijo a gida, ko sai asibiti?

Ɗan Jekadafari:
Salamu alaikum. Na ji an ce Hukumar Lafiya ta Duniya ta fitar da gwajin da ake yi wa tsofaffi don a gane raunin shekaru da ciwon da ya ɓuya. Mu nan Gombe, da dattijo ya fara jan ƙafa sai a ce "ai tsufa ne", a bar shi kan tabarma. Masana, yaya ake yinsa?

Malamar Jinya:
Wa alaikumus salam. ICOPE ake kiransa, littafin jagoransa ya fito a 2019. Kujera da agogon waya sun ishe ka.

Zaunar da Baba a kujera mai tauri marar hannu, a jingine ta da bango. Ya rungume hannuwa a ƙirji, ya miƙe sosai ya koma ya zauna, sau biyar a jere. Idan ya wuce daƙiƙa 14, ko sai ya dafa gwiwa kafin ya tashi, tsokar ƙafa ta fara tafiya. Ka tsaya dab da shi kada ya kife.

Don ƙwaƙwalwa, faɗa masa kalmomi uku, kamar fure, ƙofa, shinkafa. Tambaye shi kwanan wata da inda yake zaune, sannan ya maimaita kalmomin. Don ji, tsaya bayansa kamar tsawon hannu, a toshe kunne ɗaya, ka raɗa kalmomi huɗu, sannan a juya ɗayan. Ramar da ta haura kilo 3 cikin wata uku ba gaira ba dalili, wannan ta asibiti ce kai tsaye.

Na Kumo:
Malama ta gama magana, sai dai ga inda ake ɓata gwajin. Kujerar tsuguno ko kushin falo mai nutsewa za su kayar da lafiyayye ma. A nemi mai tsayin santimita 43 zuwa 45. Idan dattijon Fulatanci ya fi ji, da Fulatanci za a yi masa, in ba haka ba a liƙa masa mantuwar da ba shi da ita. Kwanan watan Musulunci ma amsa ce.

Mai shan maganin hawan jini kuma, a auna hawan jininsa a kwance, a sake aunawa cikin minti uku da miƙewarsa. Idan lambar sama ta sauka da 20, ko ta ƙasa da 10, ga dalilin jirin da yake ji in ya tashi alwalar asuba. Likita ne zai gyara maganin, kada a yanke shi a gida.

Kada kuma a raina ƙarfin damƙa. Binciken PURE na 2015, mai mutum kusan 140,000 a ƙasashe 17, ya nuna duk raguwar kilo 5 a damƙar hannu tana tafe da ƙarin kashi 16 cikin ɗari na haɗarin mutuwa.

'Yar Bolari:
Ta ɓangaren gwamnati, an sa hannu kan dokar Cibiyar Dattijai ta Ƙasa a 2018, cibiyar ta fara aiki a 2021. Amma a ganina har yanzu Ibadan ce ta yi mana fintinkau wajen bincike: a 1992 suka fara kwatanta ciwon mantuwa tsakanin tsofaffinsu da baƙaƙen fata na Indiyanafolis a Amurka, kuma na Ibadan ya fito ƙasa.

Wani cikas a nan shi ne shekarun haihuwa. In Baba bai san nasa ba, tambaye shi ko ya yi wayo ranar da aka kashe Sardauna a 1966, ko ya yi aure kafin naira ta maye gurbin fam a 1973. Rubuta wannan tare da daƙiƙoƙin kujerar, ka tafi da takardar Asibitin Koyarwa na Tarayya da ke Gombe.