Musayar Waƙa: Wa Ya Fi Gudu a Filin Ƙwai?

Garba Mai Gireji:
Masana tsere, ga tambaya tawa,
Kan motar da tayoyinta ba rufewa,
Fili kamar ƙwai, hagu kaɗai ake juyawa.
Direba Luyendyk a Indiyanafolis (Indi) ta Amurka, 1996, ya yi ficewa,
Mil 237.498 a awa a zagaye ɗaya, wa ya zo ya yi kamowa?

Malama Hadiza:
Malam Garba, a Indi maganarka ce,
Amma sarauta ta Gil de Ferran ce,
Filin Fontana, Oktoban 2000, nan ya dace,
Mil 241.428, motar Reynard ce,
Injin Honda mai tabo (na'urar cusa iska), man mitanol ya sha ya wuce.
Ba ƙarfin inji kaɗai ba, hanyar ce:
Kwanar Fontana digiri 14 take a karkace,
Ta Indi 9 kacal, ga kwana huɗu a matse.

Injiniya Sani:
Malama, kin faɗi fili, ga gyaran da ke baya:
A kwantar da fiffiken mota, iska ta ba da hanya,
Gudu ya ƙaru, sai dai iska kan mota ta rage danniya.
Tayar dama ta baya ta ɗara ta hagu, don mota ta juya.
In an zarce, baya ya zame, bango ya karɓi kaya,
In an gaza, gaba ya ƙi kwana, ya cinye taya.

Malama Hadiza:
Na Paul Tracy, Mishigan 1996, daban ne,
256.948 ba na zagaye ba, a miƙe ne.

Baba Audu:
'Ya'yana, jikin direba fa ba ƙarfe ba,
Texas, Afrilun 2001, ba ku tuna ba?
Kwana digiri 24, mil ɗaya da rabi, ba wurin hutu ba,
Nauyi ya kusa ninki 5, jini bai kai kai ba,
Jiri ya kama direbobi, ido bai gani ba,
Hukumar tsere ta CART ta soke tseren, ba a ko tashi ba.

Garba Mai Gireji:
Baba, tun kafin nan hukuma ta taka birki,
Daga 1998 farantin Handford a fiffiken baya ya yi wannan aiki,
Yana ja da mota baya, da shi de Ferran ya yi, abin mamaki.
Yau injin V6 ne lita 2.2, tabo a ƙayyade daki-daki,
A Indi McLaughlin ya yi 234.220 a 2024, zagaye huɗu na kirki,
A huɗun Luyendyk na da 236.986, har yau shi ke da maki.