Don Allah waɗanda suka taɓa neman SNAP (taimakon abinci) da Medicaid (taimakon asibiti) a Amurka ku ba ni haske

Maman Ikram:

Assalamu alaikum jama'a. Na daɗe ina karatu a nan ban taɓa cewa komai ba sai yau da abin ya kai min wuya. Maigidana yana aiki ne a wani babban sito, wata biyu da suka wuce bayansa ya riƙe wurin ɗaga kaya, tun daga nan suka rage masa awanni, yanzu abin da yake samu a wata bai wuce dala 2,000 ba kafin a cire haraji, haya kaɗai 1,500 take ci ga wuta ga gas ga waya, in aka biya waɗannan wallahi abin da ya rage ba ya kai mu rabin wata. Yaranmu biyu, babbar shekara 6 tare muka zo da ita, ƙaramin shekara 2 a nan aka haife shi, kuma ina da ciki wata huɗu ko awo ban fara zuwa ba don inshorar wurin aikinsa ta tsaya tun da aka rage awannin.

Shi girin kad ɗinsa (katin izinin zama na dindindin) shekara 7 ke nan, ni da yarinyar namu shekara 3. Maƙwabciyata ta ce in nemi taimakon abinci da na asibiti har da na kuɗi, amma shi ya ƙi sam, wai wani abokinsa ya gaya masa duk wanda ya ci kuɗin gwamnati ba zai samu zama ɗan ƙasa ba, kuma ni na san har da kunya a ciki, gani yake kamar bara ce. To ni dai tambayata, daga ina ake farawa, fom ɗaya ne ko kowanne da nasa, kwana nawa ake jira, sannan maganar takardun nan gaskiya ce? Bana so in jawo mana abin da ya fi wanda muke ciki.

Hajiya Umma:

Wa alaikumus salam ƙanwata, sannu, Allah Ya ba maigida lafiya Ya sauke ki lafiya. Ni na bi wannan hanyar lokacin da aka sallami Alhaji daga aiki, don haka ki saurare ni da kyau. Ki cike fom ɗin YAU, kar ki ce sai kin gama haɗa takardu. A SNAP daga ranar da takardarki ta shiga suke fara lissafa miki, ba daga ranar da suka amince ba, kuma ko sunanki da adireshi da sa hannu kawai kika sa dole su karɓa su buga mata kwanan wata, sauran a kawo daga baya. Ni sati uku na ɓata ina neman wata takardar haya, kuɗin abincin sati ukun nan haka ya tafi ba wanda ya mayar min.

Yawancin jihohi fom ɗaya ne, kina shiga shafin ma'aikatar jin daɗin jama'a ta jiharku za ki ga wurin zaɓar abinci, kuɗi, lafiya, sai ki danna wanda kike so. Sunan ne yake bambanta, misali a Kalifoniya CalFresh suke ce wa SNAP, Medicaid kuma Medi-Cal. In intanet ɗin ya rikita ki ki je ofishin da ƙafarki, ko ki buga 211 su gaya miki wanda ya fi kusa da ke. Doka ta ba su kwana 30 su amsa miki a kan abinci, Medicaid har kwana 45. Akwai na gaggawa na kwana 7 amma wannan sai wanda abin da ke shigo masa a wata bai kai dala 150 ba kuma abin hannunsa bai wuce 100 ba, ko wanda haya da kuɗin wuta suka fi duk abin da yake samu har da na banki. Ku da kyar ku shiga ciki amma ki rubuta lambobin daidai su za su duba.

Abin da za ki tanada: katin shaida, lambar soshiyal (lambar shaida da gwamnati ke ba mutum) ta duk wanda ake nema wa, girin kad, takardun albashin maigida na kwana 30 da suka wuce, yarjejeniyar haya, bil ɗin wuta da gas, takardar haihuwar ƙaramin, da shaidar ciki in kin samu. Za su kira ki intabiyu, galibi a waya ne, kuma lambar da za ta fito ba lallai ki san ta ba don haka kwanakin nan duk kiran da ya shigo ki ɗaga. In Turanci na ba ki wahala ki ce kina son tafinta, kyauta ne, kar ki yarda a ce ki kawo yaro ya fassara miki.

Abu na ƙarshe wanda ya taɓa ƙona ni, wasiƙa. Mun tashi daga gida na manta ban sanar da su ba, suka aika takardar sabuntawa tsohon adireshi, ban sani ba sai da na tsaya gaban mai karɓar kuɗi da keken sayayya cike da kaya katin abincin ya ƙi, yara na kallona. Har yau in na tuna raina ɓaci yake. Duk ambulan da ya zo daga wurinsu ki buɗe shi a ranar, in sun nemi wata takarda kwana 10 suka saba bayarwa, kuma duk abin da kika kai musu ki ɗauki hotonsa ki karɓi rasit.

Abu Hanif:

Maman Ikram sannu da haƙuri. Abin da Hajiya ta faɗa haka yake, ni bari in taɓa ɓangaren takardu don ina yawan yi wa mutanenmu tafinta a irin waɗannan ofisoshi kuma wannan tsoron shi ya fi hana mutane zuwa.

Abin da abokin maigida ya ji wutsiyarsa shi ne dokar da ke duba ko mutum zai zama nauyi a kan gwamnati. Ana amfani da ita ne a kan mai neman biza ko mai neman girin kad, ba a kan wanda ya riga ya samu yake neman zama ɗan ƙasa ba. Wurin neman zama ɗan ƙasa abin da zai cuci mutum shi ne in ƙarya ya yi ya karɓi abin da bai cancanta ba. Inda mai girin kad zai kula shi ne in ya yi tafiya waje ya wuce kwana 180, don a dawowarsa ana iya kallonsa kamar mai sabuwar shiga. Kuma ita kanta dokar juyawa take da juyin gwamnati, ta 2019 ta saka SNAP da Medicaid a lissafi, aka soke ta a 2021, ta 2022 ta ce tallafin tsabar kuɗi ne kawai da zaman jinya na dogon lokaci a aljihun gwamnati. Saboda haka duk wanda takardunsa ba su kammala ba, ko yake shirin ɗauko wani, ya ga lauyan shige da fice kafin ya taɓa na kuɗi, akwai ƙungiyoyin lauyoyi masu yi wa marasa ƙarfi kyauta.

Yanzu gidanku ɗaya bayan ɗaya. Tun dokar 1996 babba mai girin kad sai ya cika shekara 5 kafin ya ci SNAP. Maigida ya wuce, ƙaramin ɗan ƙasa ne, ita babbar ba ruwanta da jiran shekara 5 don ba ta kai 18 ba. Ke ce dai sai kin ƙara shekara 2, amma ke za ki iya cike fom ɗin a madadinsu, sai a lissafa gidan a mutum uku. A lissafin da ya fara aiki Oktoba 2025 mafi yawan abin da ake ba mutum uku a wata dala 785 ne, mutum huɗu 994, kuma iyakar samu ta tarayya ga gida mai mutum huɗu 3,483 ce kafin cire komai, jihohi da yawa ma sun ɗaga tasu sama da haka. Ba duka 785 ɗin za a ba ku ba. Za su fara cire kashi 20 cikin ɗari na albashi, su cire wani kaso da ake cire wa kowa, su duba yadda haya da wuta suka danne ku su sake ragewa, abin da ya saura sai su ɗauki kashi 30 cikin ɗari nasa su ce wannan ku za ku iya sa wa a abinci, su cike sauran. Misali in ya saura 600, kashi 30 nasa 180 ne, 785 a cire 180 ya zama 605. Shi ya sa nake jin zafi in na ga mutum ya manta bai rubuta kuɗin wuta ko na renon yara ba, kansa yake ragewa.

Amma ni abin da ya fi tsaya min a rai cikin nan ne. Wata huɗu ba awo ba ƙaramin abu ba ne. Tun 2009 an ba jihohi dama su sa mai ciki da yara masu zama bisa ƙa'ida a Medicaid ko CHIP (inshorar lafiyar yara) ba tare da jiran shekara 5 ba, kuma da yawa sun karɓa. Iyakar samu ga mai ciki ta fi ta sauran manya, sannan a Medicaid ana ƙirga abin da ke cikin cikin, wato ku biyar ne a wurinsu. In an haihu uwa na kan Medicaid jaririn yana da shi kai tsaye har ya shekara ɗaya. Kafin amsa ta zo ki je cibiyar lafiya ta al'umma, irin waɗanda gwamnatin tarayya ke tallafawa, suna duba mutum ko ba inshora su caje shi daidai ƙarfinsa. Sai WIC, shi ofishinsa daban, na mai ciki ne da mai shayarwa da yaro ƙasa da shekara 5, madara ƙwai kayan marmari, ke da ƙaramin duk kun shiga.

Na kuɗi, TANF, ban ce kar ki nema ba amma da albashin 2,000 a yawancin jihohi kun wuce iyaka, kuma wata 60 ne kacal mutum yake da shi a duk rayuwarsa daga kuɗin tarayya, wasu jihohin ma sun gajarta.

Baban Sadiq:

Malama ni da maigidanki zan yi magana, ki nuna masa wannan. Ɗan'uwa na san abin da kake ji don na ji shi, namiji ya ga ya kasa cika tukunyar gidansa ba abu ne mai sauƙi ba. Amma ka ɗauko takardar albashinka ka duba abin da ake yanka duk sati shekara 7, ba roƙon kowa kake ba, tsari ne da aka yi don irin wannan ranar, kuma iyalinka tana ɗauke da ciki ba likita. Wannan ya fi maganar mutane nauyi.

Sannan wani abu da ba wanda ya taɓo, ciwon nan a wurin aiki ka same shi, ka sanar da su a rubuce? Akwai inshorar diyyar ma'aikata da kusan kowace jiha ta wajabta wa masu ɗaukar aiki, tana biyan magani da wani ɓangare na albashin da ka rasa, amma tana da wa'adin sanarwa kuma a wasu jihohin gajere ne ƙwarai, wata biyu sun riga sun tafi, gobe-goben nan ka bincika.

Inda zan ɗan ƙara a kan maganar Abu Hanif, dokar da aka sa wa hannu ranar 4 ga Yuli 2025 ta tsaurara sharaɗin aiki a SNAP, ta kai shi har kan masu shekara 64, ta haɗa da iyayen da ƙaramin ɗansu ya kai 14. Ku naku ƙanana ne bai hau kanku ba, amma wasu da ke karantawa su sani. Kuma in katin EBT, wato katin da ake zuba kuɗin abincin a ciki, ya zo ku riƙa canza lambar sirri akai-akai, ɓarayi na maƙala na'ura a injin biyan kuɗi su kwashe komai ranar da kuɗin ya shiga, kuma tun Disamba 2024 gwamnatin tarayya ta daina mayar da abin da aka sace. Katin ba ya sayen sabulu ko famfas ko dafaffen abinci mai zafi, ku ware kuɗin waɗannan daban.

Maman Ikram:

Allah Ya saka muku da alheri, wallahi ina karantawa ina hawaye. Na karanta masa na Baban Sadiq ya yi shiru can ya ce in cike. Saura abu ɗaya, ƙaninsa yana zaune da mu na ɗan lokaci yana aikinsa, shi ma sai na sa shi? Kuma albashin ba ya tsayawa wuri ɗaya, wani satin sama wani ƙasa.

Abu Hanif:

Ki rubuta cewa yana gidan, kar ki ɓoye. A SNAP gida shi ne waɗanda suke saye suke dafawa tare. In shi yake sayen nasa yana cin nasa, ba a haɗa samunsa da naku, in tukunya ɗaya kuke ci to yana ciki da albashinsa. Miji da mata da 'ya'yansu 'yan ƙasa da 22 ne dole a haɗa ko ta yaya. In yana ba ku wani abu na haya shi ma ki faɗa. Albashi kuma ki ba su takardun duka su fitar da matsakaici, in ya warke awanni suka dawo ku duba takardar amincewar, a ciki suke rubuta adadin da in kun wuce shi dole ku sanar, in ba haka ba za su biyo ku bashin abin da ya yi yawa. In kuma suka ƙi ku kina ganin kuskure ne, kina da kwana 90 ki nemi a sake sauraren ƙarar a SNAP.

Maman Ikram:

Na dawo in gaya muku. Na tura a daren nan, bayan kwana 6 suka kira intabiyu, matar ta nemi takardar albashi ɗaya da ta ɓace na ɗauki hoto na tura a ranar. Na je cibiyar lafiyar an yi min awon farko an ce komai lafiya, WIC sun ba ni ranar Talata. Shi ma ya kai rahoton ciwon a rubuce sun ba shi fom. Katin abincin ne bai iso ba tukuna, Hajiya kullum sau biyu nake duba akwatin wasiƙa.