Duhun Aberdeen ya kashe min jiki, ku ba ni shawara

Assalamu alaikum 'yan'uwa. Don Allah ina neman shawara, musamman daga waɗanda suka daɗe a ƙasashen sanyi.

A watan Satumba na zo Aberdeen da ke Scotland karatun digiri na biyu. Iyalina suna Katsina, don tun Janairun 2024 Birtaniya ta hana masu irin karatunmu tahowa da mata da yara. Da farko lafiya ƙalau nake. Tun da aka mayar da agogo baya a ƙarshen Oktoba komai ya dagule min. Yanzu rana ba ta fitowa sai wajen tara saura kwata, kafin uku da rabi kuma ta faɗi. Ita ma ranar suna ce kawai, kullum tana bayan gajimare, ga gine-ginen garin duk na dutse ne ruwan toka. Azahar da La'asar da Magariba a jere suke zuwa, sau da yawa ina cikin aji.

Barci nake kamar me, amma a gajiye nake tashi. Ban da shayi da burodi ba abin da nake sha'awa. Akwai aikin makaranta da zan miƙa a Janairu, ko layi ɗaya ban rubuta ba. Ga shekara ta zo ƙarshe, in na leƙa Facebook sai in ga sa'o'ina wannan ya tare a sabon gida, wancan an ƙara masa girma. Ni kuwa fili mahaifina ya sayar aka biya min kuɗin makaranta, kowa a gida gani yake na haye. Yanzu an yi hutun Kirsimeti, waɗanda muke gida ɗaya duk sun watse. Wannan lalaci ne, ko raunin imani, ko ciwo? Ya kuka yi kuka tsallake?

Wata ma'aikaciyar jinya a Manchester:
Wa'alaikumus salam ƙanena. Sannu. Abin da ka lissafa, yawan barci, kasala, kwaɗayin kayan fulawa da zaƙi, mutuwar zuciya da ke zuwa da shigowar sanyi, likitoci sun san shi. Nau'in ciwon damuwa ne mai bin yanayi, a nan SAD suke ce masa. Ƙarancin haske ne ke rikita agogon jiki. Kai da ka tashi inda tsawon yini bai cika nisa da awa 12 ba duk shekara, yau an ba ka ƙasa da awa 7, dole jiki ya yi ƙorafi.

Amma ba ni zan yanke maka hukunci ta waya ba. In ba ka yi rajista da likitan unguwa ba, wato GP, ka yi a makon nan, ka faɗa masa komai yadda ka faɗa mana. Yana iya sa a duba jininka, don ƙarancin jini ko matsalar maƙoƙo su ma suna kawo irin wannan gajiyar. Sannan ka sayi bitamin D. Hukumar lafiya ta Birtaniya, wato NHS, tana ba da shawarar maikirogiram 10 kullum a watannin sanyi, mu masu baƙar fata ma an ce mu duba yiwuwar sha duk shekara. Ba shi ne maganin damuwar ba, kar ka ɗora masa buri, jikinka ne dai ke buƙata. Akwai kuma fitila ta musamman mai ƙarfin haske lux 10,000 da ake zama gabanta kamar rabin awa da safe. Wasu tana yi musu aiki sosai, wasu ba ta yi.

In kuwa tunanin cutar da kanka ya taɓa gilma maka, ko cikin dare ne, ka kira Samaritans, ƙungiyar da ke sauraron masu damuwa, a 116 123, kyauta ne, ko lambar NHS ta 111. Kar ka jira gari ya waye.

Wani daga Kano:
Kai malam ka gode wa Allah. Mu nan ga hunturu, ga ƙura, ga ƙafa duk faso, ga ba wuta, ba mu ce muna da wani ciwo ba. Ka riƙe azkar kawai, wannan duk shigar Turawa ce.

Wani malami mai koyarwa a Birmingham:
Ɗan'uwa na Kano, a yi hattara da wannan magana. Annabi Yaƙubu, alaihis salam, ya yi baƙin cikin rabuwa da Yusufu har idanunsa suka yi fari, yana nan a cikin Suratu Yusuf. Shekarar da Nana Khadija da Abu Ɗalib suka rasu, malaman tarihi shekarar baƙin ciki suke kiranta. Wa zai ce imaninsu ne ya yi rauni? Azkar gaskiya ne, ganin likita ma gaskiya ne, ɗaya ba ya korar ɗaya.

Kai kuma mai tambaya, lissafin da kake yi da sa'o'inka a daina shi. Hoton gidan suka nuna maka, ba su nuna maka bashin siminti ba. Kuma 31 ga Disamba ba ranar hisabi ba ce. Ka daure ka riƙa fita jam'i ko sau ɗaya a yini, Juma'a kuwa kar ta wuce ka, don ganin mutane kansa magani ne.

Wani dattijo da ya daɗe a Aberdeen:
Yaro, garinmu ka zo. Bari in ba ka labari mai daɗi: 21 ko 22 ga Disamba ne yini mafi gajarta, daga nan sai ƙaruwa. Ba za ka lura da farko ba, amma ƙarshen Janairu rana za ta kai huɗu da rabi, ƙarshen Fabrairu ta wuce biyar da rabi. A watan Yuni kuma za ka dawo nan kana kukan Magariba ta wuce goma na dare.

Kafin nan, dokata ɗaya ce: tsakanin sha ɗaya da ƙarfe ɗaya kada ka zauna a ɗaki, ko ana yayyafi. Hasken waje, ko da gajimare, ya ninka na ƙwan ɗaki nesa ba kusa ba. Ka taka zuwa bakin teku, ko ka je Duthie Park. Akwai lambun gilashi a ciki, da ɗumi, har da sashen tsirran sahara. In kewar gida ta dame ni can nake zuwa in zauna. Kaya kuma a jera su, na ciki mai kama jiki, sai suwaita, sai babbar riga mai hana ruwa, da safa mai kauri.

Ka yi cefane da wuri, 25 ga wata kusan ko'ina a rufe yake, kuma a Scotland 1 da 2 ga Janairu duk hutu ne. Ranar 25 ɗin ma ba za ka ci burodi ba. Ka yi min magana ta akwatin saƙo, Hajiya za ta tuƙa tuwo da miyar kuka, ɗalibai da yawa suna zuwa.

Wata 'yar'uwa daga Leeds:
Ba wanda ya yi maganar matarka. Ka faɗa mata. Ba sai Baba ya ji ba tukuna, amma ita wallahi ta riga ta ji a muryarka, ƙila ma tana can tana zargin wani abu daban. Awa ɗaya kacal Najeriya ta fi ku yanzu, ku tsayar da lokacin waya kullum. Batun aikin Janairu kuma, ka rubuta wa malaminka tun yanzu. Jami'o'in nan suna da tsarin ƙara wa ɗalibi lokaci saboda rashin lafiya, amma sun fi sauraron wanda ya yi magana kafin wa'adi ya cika.

Mai tambaya:
Na gode ƙwarai, Allah Ya saka da alheri. Anti, na cike takardar rajistar likitan ta intanet. Baba, na turo saƙo, in sha Allahu da ni za a ci tuwon. Wace mota ake hawa zuwa Duthie Park daga tsakiyar gari?