Musayar waƙa: ginshiƙan teku da duwatsun Birni, tsohuwar unguwar Damagaram a Nijar

Malam Habu na Birni:
Salamu alaikum. Amsa-amon yau "wa" ne. Na ɗauko ginshiƙan dutsen nan da ke tsaye cikin teku a jihar Biktoriya ta Ostireliya, waɗanda ake ce wa Manzanni Sha Biyu, ko da yake yau ba su kai sha biyun ba.

Ruwan teku ba shi da guduma,
Amma dutse yake sassaƙawa.
Ya sami tsaga ya mai da ita kogo,
Kogon ya yi zurfi har ya kai ga ɓullewa.
Sai ka ga baka kamar na soron sarki,
Rufi ya yi nauyi, sai rugujewa.
Abin da ya rage ginshiƙi ne tilo,
Tsaye a ruwa, tsuntsaye na hawa.
A 2005 guda ya zube gaban masu kallo,
Mita 50, cikin ƙiftawa.

Hajiya Rabi, Zango:
Malam, ka kai yabonka nesa,
Ga na ƙofar gida kana tsallakewa.
Duwatsun Birni wani kan wani,
Ba mai ɗorawa, ba mai girgizawa.
Sun ga Sarki Tanimun yana gina ganuwa,
Sun ga Nasara da zuwa da komawa.
Naka farar ƙasa ne, ruwa ke lasa,
Namu ko ƙarfe na shakkar taɓawa.

Malam Habu na Birni:
Hajiya, naki ma ruwa ya taɓa su,
Tun suna binne, ƙasa na rufewa.
Ya bi ta tsaga ya cinye kusurwa,
Shi ne asalin wannan mulmulewa.
Damina bayan damina ta kwashe ƙasa,
Sannan suka samu damar fitowa.

Sani ɗan ga-ruwa:
Inna, ki yaba, ni ke turin kura,
Taurin nan nasu ni yake wahalarwa.
Ka haƙa rijiya ka tarar da fa,
Ƙasa ta ƙi sha, ta ƙi riƙewa.
A 1926 mulki ya koma Yamai,
Ƙishirwa na cikin dalilan ɗaukewa.
Su can ruwa ne ke cin dutse,
Mu nan dutse ya hana ruwa taruwa.

Baba Alhaji, tsohon direban Agadas:
Yara, ku bar na Allah ku ji na mutum,
A hamada tulin dutse ke shiryarwa.
Inda iska ta shafe sawun mota,
Shi ke ce maka ga wurin wucewa.
Matafiyi ya jera su ya nuna alƙibla,
Masallaci ke nan, ba sai da ginawa.
Yanzu ko samari a bakin teku
Ɗorawa suke don hoton nunawa.
Masu gadin gandun daji a Amurka
Suna ta roƙo a daina, suna rushewa:
Tulin banza na ɓatar da mai tafiya,
Ƙwaron ƙarƙashi ya rasa wurin fakewa.

(Wanda bai taɓa kwana da mota ta ɓace masa hanya ba, ba zai san abin da nake faɗa ba.)

Zuwaira, ɗaliba:
Baba, Allah ya ja kwana, a yi mana afuwa,
Ba duk ɗori ne na neman yabawa.
Inuwit na arewacin Kanada,
Da tulinsu suke gane wurin tsayawa.
Har tutar yankinsu Nunabut na ɗauke da shi,
Ja ne a tsakiya, kowa na ganewa.
Mu in mun ɗora mun gwada haƙuri,
Mu mai da su gurbinsu kafin watsewa.

Baba Alhaji, tsohon direban Agadas:
Jikata, in kuna maidawa na yarda,
Amma na san ku da saurin mantawa.

Sani ɗan ga-ruwa:
Ƙanwata, in kin iya ɗori haka,
Zo taya ni ɗora bido, famfo na kawowa.

Hajiya Rabi, Zango:
Sani, ajiye waƙa ka biyo ta Zango,
Tun jiya randata ke jiran ruwa.