Da gaske ne ba wanda ya koya wa Ramanujan lissafi?

Uwar Biyu:
Assalamu alaikum. Ɗana mai shekara 15 ya liƙe wa lissafi, sauran darussa ko oho. Da na yi masa faɗa sai ya ce ai Ramanujan na Indiya ma haka ya yi, kuma ba shi da malami. Gaskiya ne? Ina so in gyara masa, amma ba na son in kashe masa gwiwa.

Tsohon Malami:
Wa alaikumus salam, Hajiya. Rabin labarin yaron ya ɗauka. Ramanujan, wanda aka haifa a Erode a 1887, ya yi makaranta a Kumbakonam kamar kowa. Zurfin ne ya haƙa da kansa. Yana kusan sa'an ɗanki ya samu littafin G. S. Carr mai ɗauke da dubban ƙa'idoji, yawancinsu ba cikakkiyar hujja, ya zauna yana tono dalilin kowace. A kan allo yake aiki saboda tsadar takarda, amsa kawai yake kwafewa.

Ga inda ke min zafi. Watsi da sauran darussa ya sa aka janye masa tallafin karatu a kwaleji, ya faɗi jarrabawa, ya sha talauci na shekaru kafin ya samu aikin akawu a tashar jiragen ruwa ta Madras a 1912. Shekara 32 kacal ya yi a duniya. Waɗancan shekarun da suka salwanta nake wa takaici.

Ɗalibar Lissafi:
Baba Malam, bari in ƙara. Shi da kansa ya nemi wanda zai duba aikinsa. A Janairun 1913 ya rubuta wa G. H. Hardy, masanin lissafi a Jami'ar Kambirij ta Ingila, wasiƙa, a 1914 ya isa Kambirij. Tare suka fito da hanyar ƙiyasta yawan hanyoyin da za a rubuta lamba a matsayin jimlar lambobi (kamar 4 = 3+1 ko 2+2): 4 tana da hanya 5, amma 100 tana da 190,569,292! A 1976 wani masanin lissafi, George Andrews, ya tsinci wasu takardun Ramanujan a ɗakin karatu na Kwalejin Trinity da ke Kambirij, har yau ana aiki a kansu.

Mama, ki ba shi 1729, ki ce ya rubuta ta a matsayin jimlar lambobi biyu da aka ninka kowace da kanta sau uku (kamar 2×2×2), ta hanya biyu daban. Kada ki bari ya duba waya.

Uwar Biyu:
Na gode, Allah ya saka. Na ba shi tun bayan magariba. Ya samo 1 da 12, yana can yana neman ta biyun. Gobe zan karanta masa maganar Malam.