Shin adalci ne jami'a ta fifita ɗalibanta a guraben ƙwarewar likitanci?

Dakta Hauwa: Assalamu alaikum. A Indiya, likitan da ya kammala MBBS, wato digirin farko na likitanci, kuma yake neman gurbin karatun ƙwarewa galibi sai ya zauna jarrabawar ƙasa ta NEET-PG, amma wasu jami'o'i suna ware wani kaso na guraben ga waɗanda suka yi digirin farko a wurinsu. Idan jarrabawa ɗaya kowa ya rubuta, da wace hujja mai ƙarancin maki zai samu fannin tiyata, wanda ya fi shi kuma ya rasa?

Malam Garba: Wa alaikumus salam, Dakta. Kotun Ƙolin Indiya ta daɗe da raba abu biyu, wato fifita mutum saboda jihar da yake zaune da fifita shi saboda makarantar da ya fito. Tun a shari'ar Pradeep Jain ta 1984 ta amince da na biyun, sannan a 2003, a shari'ar Saurabh Chaudri, alƙalai biyar suka tabbatar da shi bisa sharaɗin kada ya wuce kashi 50 cikin 100. A Janairun 2025 kuma ta soke ware gurbin karatun ƙwarewa bisa zama a jiha, domin ya saɓa wa sashe na 14 na tsarin mulki. Ni ina ganin akwai hikima a ciki, saboda wanda ya shafe shekara biyar da rabi a asibiti guda, malamansa sun ga yadda yake duba mara lafiya da tsakar dare, abin da takardar jarrabawa ba ta iya aunawa.

Dakta Sani: Malam Garba, da shaidar malamai ake amfani da ita, da na yarda da kai, amma sunan makaranta kawai ake dubawa. Ita kanta kotun ta soke ware kashi ɗaya bisa uku da AIIMS, babbar cibiyar koyar da likitanci ta Delhi, take yi wa ɗalibanta, a hukuncinta na 2001, bayan ta ga irin tazarar makin. Kuma a sashen da gurbi biyu ne kacal, rabi yana nufin duk likitocin ƙasar su yi takara a kan kujera ɗaya.

Hajiya Rabi: Wanda ya fi cutuwa shi ne likitan da kwalejinsa ba ta da fannin da yake so, domin ba shi da fifiko a gida, a waje kuma baƙo ne. Ra'ayina shi ne a rage kason sosai, kuma a ƙayyade iyakar tazarar makin da fifikon zai iya cikewa.