The Wicker Man na 1973: wanne kwafi ya kamata a kalla?

Sabon Shiga: Jama'a, fim ɗin nan kala uku ne a kasuwa, kowanne da tsawonsa. Wanne ne na ainihi?

Editan Bidiyo: Malam, darakta Robin Hardy ya haɗa nasa kusan minti 99. Kafin a fitar da shi shugabancin kamfanin British Lion ya sauya hannu, sababbin suka datse shi zuwa kusan minti 87, suka jingina shi da fim ɗin Don't Look Now a matsayin na biyu da ake haskawa tare a sinima. Babbar ɓarnar a jerin labarin take: dare biyun da ɗan sanda Sajan Howie ya kwana a tsibirin da ya je bincike suka koma ɗaya, aka dawo da rawar da Willow, 'yar mai masauki, ta yi don jan hankalinsa daren farko, aka cire waƙar Gently Johnny inda ake fara ganin ɗan wasa Christopher Lee. Sai jarrabawar ta faɗa wa Howie tun mai kallo bai gama sanin tsantseninsa ba.

Mai Ajiyar Faifai: Gaskiya ne, Yaya. Negatif ɗin kuwa, wato ainihin faifan da aka ɗauki fim ɗin a kai, ya ɓace. Raɗe-raɗin cewa an binne shi ƙarƙashin babbar hanyar M3 ta Ingila labari ne kawai da ake yaɗawa. Kwafin 2001 an cike guraben ne daga kaset ɗin bidiyo, shi ya sa hoto ke dusashewa kala ta kwanta duk inda aka shiga ƙarin, ba talabijin ɗinka ba ne. Na 2013, Final Cut, daga kwafin 35mm da aka gano a ma'ajiyar finafinai ta Harvard Film Archive aka gyara shi, minti 90 da ɗoriya. Da shi za ka fara.

Hajiya Mai Kyamara: Ku lura da itatuwa. Labarin na bikin farkon Mayu ne, amma a ƙarshen 1972 aka ɗauka, cikin sanyin Galloway a Scotland. Furanni na ƙarya aka liƙa wa rassa, 'yan wasa kuma suna tsotson ƙanƙara kafin a kunna kyamara don kada tururin baki ya tona asiri. A Burrowhead da ke yankin aka cinna wa gunkin da fim ɗin ya ci sunansa wuta.

Sabon Shiga: Na gode, Hajiya. Na Nicolas Cage fa?

Editan Bidiyo: Na 2006 ke nan, sake yin fim ɗin aka yi, an mai da labarin Amurka. Bar shi sai ka gama da wannan.